Ranar da Fitilar Ummukulsum Ta Haska da Kanta

Ummukulsum Lawal tana da shekara arba'in da shida, matar aure ce mai 'ya'ya huɗu, kuma ita ce mai ɗaukar hoton mata a Ƙofar Jatau da unguwannin da ke kewaye da ita a cikin birnin Zariya. Ba ta da shago, ba ta da allo a bakin titi. Kayan aikinta duka a baƙar jaka ɗaya suke, wadda hannunta ya taɓa tsinkewa baduku ya ɗinke. A ciki akwai kyamarar da ta saya ta hannu, da 'yar fitilar hoto ƙirar China, irin wadda masu sana'ar ke kira filash, da batura a gwangwanin alewa, da farin yadi a ninke.

Duk wanda ya san ta zai ce maka ba ta iya zama ba. Ko gidan gaisuwa ta je aka shimfiɗa mata tabarma, gefe take ɗosanawa, idonta na yawo tsakanin taga da ƙofa, tana duba ta inda haske ke shigowa. Mijinta, Malam Yahaya, malamin lissafi ne a wata firamare, kuma yakan ce tun da ya aure ta bai taɓa ganin ta shanye shayi da zafinsa ba.

Mahaifinta maɗinkin manyan riguna ne. Yayanta Abdulbaƙi ne ya fara barin allura da zare, ya buɗe shagon hoto a unguwar Kongo, nan Zariya, inda ɗalibai ke tururuwa neman fasfo. Da ta gama sakandare sai ta riƙa zuwa tana taya shi yanka hotuna da almakashi. Ba wanda ya zaunar da ita ya koya mata. In ya fita salla sai ta ɗauki kyamara ta gwada a kan kujera, ko a kan butar shago, kafin ya dawo ta mayar inda ya ajiye. Da ya gane bai yi faɗa ba, cewa kawai ya yi ta daina barin batir a kunne.

Bayan aurenta ne abin ya zama sana'a. An yi suna a maƙwabta, aka kira mai hoto namiji, ya tsaya a zaure kamar yadda aka saba. Wata tsohuwa ta naɗe jaririn a tawul ta kai masa, aka ɗauka da uban da kakannin maza, aka dawo da shi ciki. Maijego na ɗaki, ta sha lalle da kwalliya da sabuwar atamfa, babu wanda ya ɗauke ta. Ummukulsum ta dawo gida ta kasa zaune ta kasa tsaye. Kafin mako ya zagayo ta nemi izinin Malam, ta aro kyamara a Kongo.

A cikin birni ba iya ɗaukar hoto ke sa a buɗe wa mutum labule ba. Gidajen da Ummukulsum ke shiga, akwai matan da ko ɗan ƙanin miji bai taɓa ganin kansu babu ɗankwali ba. Ita kuwa tana shiga har ƙuryar ɗaki, tana ganin amarya ana yi mata wanka da turare, tana ganin maijego tana shayarwa. Saboda haka tun farko ta kafa wa kanta dokoki. Ba ta dannawa sai ta ce, “Ku shirya,” ta kuma jira kowa ya gyara mayafi. In ta ɗauka sai ta juya kyamara ta nuna wa mai hoton. In za a wanke, da ƙafarta take zuwa, ta tsaya a kan mai injin har ya gama, ta sa ya goge a gabanta. Ba ta taɓa sa hoton kowa a waya ba, ko da na talla. Da wayoyi masu kyamara suka cika gari, masu hoto da yawa suka rufe shago, ita aikinta bai ragu sosai ba, don mazan gidajen sun fi natsuwa da kyamararta a kan wayoyin 'yan biki.

Wahalarta ɗaya ce, duhu. Ɗakunan cikin birni na da, gini ne mai kauri, taga 'yar mitsitsiya can sama, wani ɗakin ma babu. Da rana tsaka sai ka shiga ka tsaya idonka ya washe kafin ka gane wa ke zaune. Shekarun farko a saman kyamara take maƙala fitilar, ta haska fuska kai tsaye. Sai hodar amarya ta fito fari fat kamar an watsa mata gari, goshi na ƙyalli, ga baƙar inuwa a bango. In akwai jeren kwanuka a kabad, kowane kwano sai ya mayar mata da haskensa. Wata amarya ta taɓa dawo mata da hotuna ta ce ba ita ba ce, ita ba ta san wannan matar ba.

Daga nan ta koyi juya kan fitilar sama, hasken ya bugi silin ya sauko a hankali. Wannan ya yi a ɗakunan siminti. A ɗakunan da rufinsu azara ce da ta sha hayaƙi, hasken tafiya yake bai dawowa. Inda aka yi shuɗin fenti kuwa, kowa sai ya fito kamar mai jinya. Shi ya sa ta fara yawo da farin yadi, ta rataya shi a jikin ƙofar kabad ko a igiyar labule, ta juya fitilar gare shi.

Shekarun baya ta je wani shago a Sabon Gari sayen batura, mai shagon ya nuna mata rimot. Abu biyu ne ƙanana kamar akwatin ashana, ɗaya a saman kyamara, ɗaya a gindin fitila. In ta danna kyamara a nan, fitilar ta haska a can, babu waya tsakaninsu. Ta saya, ta haɗa da sanda mai ƙafa uku. Tun daga ranar hotunanta suka canza. Takan kafa fitilar a gefe, wajen da taga ya kamata ta kasance, ta tare ta da yadin, sai fuska ta fito da laushi, zanen lalle ya fito, ɗinkin wuyan riga ya fito. Mata suka riƙa cewa hoton Kulsum kamar a tsakar gida da hantsi aka ɗauke shi. Ita kuma ta sami abin da ya dace da halinta: ta matsar da sanda nan, ta ja ta can, ta koma bakin ƙofa, ta hau gefen gado, duk ba abin da ya riƙe ta.

Abin ya faru ne bayan Babbar Salla, a gidan Hajiya Rukayya. Gida ne babba a Ƙofar Jatau, sassa da yawa, 'ya'ya maza da matansu duk a ciki. Hajiya ta haura saba'in, kuma abin da ta faɗa a kan biki ko suna, rabin matan unguwa da shi suke aiki. Jikarta ake aurarwa. Ranar Asabar da hantsi maza sun cika ƙofar gida da zaure ana ɗaurin aure, ciki kuma mata na ta kai da kawo.

Ummukulsum ta kafa fitilarta a ɗakin da za a ɗauki amarya, ta rataya yadi, ta gwada sau ɗaya a kan tiren alkaki. Amarya na wani sashe ana ƙarasa mata kwalliya. Kafin ta iso, matan gidan suka shigo ɗakin da ledojinsu don su sauya kaya su sa anko. Ba wadda ta damu da mai hoto, an saba da ita. Aka tuɓe mayafai, aka cire ɗankwali, wasu da ɗaurin ƙirji, ana ta hira da dariya. Ummukulsum na tsaye a bakin ƙofa, kyamara rataye a wuyanta, tana leƙen tsakar gida ko amarya ta taho.

Sai ɗakin ya yi wal.

Hira ta tsaya cak. Radiya, matar babban ɗan Hajiya, tana tsakiyar ɗaki da zane a ƙirji, kitsonta a waje. Ta rarumi mayafin wata ta rufa.

“Ke! Me kika yi?”

“Wallahi, Maman Nabil, ban taɓa komai ba.”

“Ba ki taɓa ba? To aljanu ne suka taɓa?”

Ummukulsum ta ɗaga hannuwanta biyu sama don kowa ya gani. Tana a haka fitilar ta sake haskawa, ta kuma sake. Mata suka hau salati, wasu suka tsuguna bayan gado, wata ta faɗa cikin kabad rabin jikinta a waje.

“Kun gani ko?” in ji Radiya. “Saita ta ta yi. Da kanta take ɗauka!”

Ummukulsum ta tsallaka ledoji ta cafke fitilar, ta zazzage baturan a ƙasa. Ta kunna kyamara ta miƙa wa Radiya, ta ce ta duba da kanta. Hoton ƙarshe tiren alkaki ne. Radiya ta ture hannunta.

“Ai ba nan yake zuwa ba. Abin da ba shi da waya, wa ya san inda yake turawa?”

Hajiya Rukayya ta shigo da carbi a hannu. Ta saurari kowa, ba ta katse kowa ba. Ta dubi fitilar, ta dubi baturan da ke warwatse a leda, sannan ta ce, “Tattara kayanki, Kulsum. Sai bayan biki.” Haka Ummukulsum ta ratsa tsakar gida da sanda a hammata, mata na buɗa mata hanya, ba mai ce mata sannu. Amaryar ba ta sami hoton cikin gida ba sai na wayoyin ƙawaye.

Ba wanda ya zo ya zage ta. A cikin birni ba haka ake yi ba. Waya kawai aka fara yi mata. Wannan ta ce an ɗaga sunan, waccan ta ce wata 'yar uwa ta zo daga Kaduna za ta ɗauka musu, wata kuma ta ce maigida ya ce bana ba sai an yi hoto ba. A gidan gaisuwa in ta shiga, sai ta ga hannaye na gyara mayafi, alhali ko jakar ba ta riƙe ba. Labari ya iso mata cewa Radiya ta rame, kullum tana bin zaurukan hira na waya ɗaya bayan ɗaya tana jiran ranar da za ta ga kanta. Wannan ya fi komai damun Ummukulsum, don ta san matar ba sharri take yi mata ba, tsoro ne na gaske.

Babbar matsalar ita ce ita kanta ba ta san me ya faru ba. Ta kafa fitilar a tsakiyar ɗakinta ta sa mata ido. Ta zagaya ta, ta buga ƙafa a ƙasa, ta tafa hannu. Ta kai ta kusa da rediyo, ta kai ta kusa da waya, ta kira lambar Malam tana kallonta. Ta ajiye ta a rana ta yi zafi, ta dawo da ita inuwa. Ta jira a kawo wuta ta ga ko za ta motsa, ta jira a ɗauke. Fitila shiru. Ta hau a-daidaita ta kai wa mai gyara a Sabon Gari, ya kwance ya duba ya ce lafiyarta lau. Ta dawo ta sake kafa ta. Tuwo ya kama a tukunya sau biyu a mako ɗaya.

“Umma, ki zauna mana,” in ji Malam Yahaya, yana duba littattafan ɗalibai a bakin ƙofa. “Kin sa ni jiri.”

“In na zauna za ta faɗa min?”

“Wataƙila jira take ki yi shiru ta samu ta sa baki.”

“Malam, kai wasa kake. Shekara ashirin ina shiga ɗakunan mutane. Yau in na yi sallama sai an leƙo an ga hannuna.”

Ya ajiye jan biro. “To ki mayar da ita saman kyamara kamar da.”

“In mayar, sai su ce da ma na san abin da na yi.”

Da ta fita tsakar gida, sai ya ga ta ɗauki tsintsiya tana share inda ta riga ta share.

Aikin farko da ta samu bayan bikin ba na cikin gida ba ne. Wani abokin Malam, shugaban wata Islamiyya a Ƙofar Galadima, ya kira ta walimar saukar Alƙur'ani, ta ɗauki ɓangaren 'yan mata. A filin makaranta aka yi, an kafa rumfuna, maza gefe, mata gefe. Ɓangaren maza an ba wani mai hoto da ake kira Nafi'u, magidanci ɗan shekara talatin da wani abu, wanda suka saba haɗuwa a ƙofar gidajen biki, shi waje ita ciki.

Ƙarƙashin rumfa akwai duhu, don haka ta kafa fitilar a kan sanda ta kunna. Kyamara na cikin jaka, ko zik ba ta zuge ba. Ta sunkuya ɗaukar yadi ke nan ta ga haske a ƙasa. Ta miƙe a hankali. Fitilar ta sake haskawa. Ta ɗaga kai, can tsallaken fili ga Nafi'u ya durƙusa gaban wani dattijo, tasa fitilar a hannun hagu. Ya danna, tasa ta haska, tata ma ta haska.

Ta bar jaka a nan ta ratsa filin, har iyakar inda mace za ta iya tsayawa.

“Nafi'u!”

Ya waiwayo. “Anti, ina wuni? Lafiya?”

“Sake dannawa.”

“In danna me?”

“Danna na ce, ka dubi can.”

Ya danna yana kallon inda ta nuna. Ya fashe da dariya. “Kai! Anti, ashe aiki nake yi miki kyauta. A ina kika sayi rimot ɗinki?”

Ta faɗa masa. Shago ɗaya ne. Ya tambaye ta lamba nawa ta saita, ta ce lambar me. Ya juya nasa ya nuna mata wasu 'yan maɓallai ƙanana a jere, waɗanda sai da tsinke ake tura su. Ya ce kowane rimot da lambarsa, in biyu suka zo ɗaya sai su riƙa amsa wa juna, ko da bango a tsakani. Shi ma bai taɓa canzawa ba, yadda ya fito daga kwali haka yake. Mai shagon bai faɗa wa kowa ba, ko shi ma bai sani ba.

“Yaushe ka saya?”

“Ana jibi Salla. Da rana nake aiki a waje, ban buƙata. Zaurukan nan ne suka dame ni da duhu.”

“Bikin gidan Hajiya Rukayya, kai ne a zaure?”

Dariyar ta ɗauke daga fuskarsa. Labarin ya riga ya kai masa ta bakin matarsa, bai dai taɓa kawo kansa a ciki ba. Ya yi salati. Ya ce yanzu yanzu zai je ya sami Alhaji, mijin Radiya, ya yi masa bayani.

“Ka ce masa me? Ka ce kai ne ka haska matarsa tana sauya zane?”

“To ya za a yi, Anti?”

“Maganar mata ce, a ciki za ta ƙare. Kai dai ka ajiye wayarka a kunne.”

Washegari bayan la'asar ta yi sallama a sashen Hajiya Rukayya. Ta roƙi a kira Radiya da sauran surukan. Suka zo suka tsaya daga bakin ƙofa, kowa da hijabi har ƙasa. Ummukulsum ta zazzage jakarta a kan tabarma don su ga babu kyamara, ta bar ta a gida. Ta ajiye fitilar a gaban Hajiya, ta koma nesa, ta kira waya ta ce, “Danna.”

Fitilar ta haska.

“Sake.”

Ta sake haskawa. Ummukulsum ta yi bayani tana tsaye, tana nuna 'yar akwatin da ke gindin fitilar. Ta ce fitila ba ta da ido, haske kawai take bayarwa, ba ta gani balle ta ajiye, balle ta tura. Radiya ta matso ta ɗauke ta, ta juya gaba ta juya baya, ta buɗe gidan batir ta leƙa. Ta daɗe tana dubawa. Sannan ta zauna a bakin gado ta rufe fuska da hijabi, kafaɗunta na motsi. Ɗaya daga cikin surukan ta ce alhamdu lillahi, wata ta yi 'yar dariya ta ce ita har yau bayanta na ciwo saboda kabad.

Hajiya ba ta yi dariya ba.

“Wa kike ce wa ya danna?”

“Nafi'u mai hoto ne, Hajiya. Yana can ƙofar gida, gindin dalbejiya.”

“Namiji.”

“E, Hajiya.”

“Yana tsaye a titi, ya taɓa abu, wuta ta kama a ɗakina.”

Ummukulsum ta ce ai ta riga ta canza lambar a gida ta gwada, yau ne kawai ta mayar don su gani. Ta ce daga yanzu nata daban, nasa daban.

“Ni ba na ganin lamba, 'yar nan,” in ji Hajiya. “Gobe wani ya sayo nasa ya faɗo kan taki, sai ki ce min me? Na yarda ba ki ɗauki kowa ba, kuma zan faɗa wa duk wadda ta tambaye ni. Na san uwarki, na san irin tarbiyyar gidanku. Amma abin da namiji zai iya taɓawa daga waje ba zai sake kwana ko wuni a gidan nan ba. In za ki shigo, ki shigo da abin da idona zai bi daga hannunki zuwa inda ya tsaya.”

A hanyar gida Nafi'u ya biyo ta yana tambaya ko an dace. Ta ce masa an dace, amma rabi da rabi. Ba ta tsaya ba.

Ta kwana biyu tana juya maganar. Komawa saman kyamara na nufin komawa farar fuska da baƙar inuwa, kuma matan da suka saba da hoton hantsi ba za su karɓa ba. Ta koma Sabon Gari ta ce wa mai shago tana son igiyar da ke haɗa kyamara da fitila. Ya dube ta ya ce, “Hajiya, mutane na gaba kina baya? Wannan ai an daina kawowa.” Ta bi shaguna, ta shiga lungun masu gyara. A wajen wani tsoho mai gyaran kyamarori ta samu, cikin kwalin tarkace, baƙar igiya mai lanƙwasa irin ta wayar tangaraho ta da. In an ja ta iyakar ja, da kaɗan ta fi tsawon hannu. Ta cire 'yan akwatunan rimot ɗin ta ba Nafi'u.

Da igiyar, sanda ba ta da amfani. Dole ta riƙe kyamara a dama, fitila a hagu, ta miƙa hannun sama gefe, ta karkata shi wajen yadi. Ta yi ta gwadawa a kan Malam yana cin abinci, har ya ce in ba ta bari ba zai koma ci a zaure. Hotuna da yawa sun fito a karkace. Kafaɗarta ta riƙe, sai da aka shafa mata man zafi.

Watan jiya ƙaramar surukar Hajiya ta haihu, aka aiko a ce Kulsum ta zo ranar suna. A tsakar gida ta buɗe jaka, gaban kowa. Hajiya ta sa yatsu biyu ta kama igiyar daga jikin kyamara, ta bi ta lanƙwasa bayan lanƙwasa har gindin fitila, ta ja kaɗan ta ga a maƙale take. Ta ce, “Bismilla, shiga.” Ummukulsum ta ɗauki maijego da jaririya, ta ɗauki kakanni, ta ɗauki 'yan barka. Radiya ta gaishe ta da kyau, ta kawo mata kunu da hannunta, amma da aka ce a taru a yi na gida gaba ɗaya, sai ta ce tana da tukunya a wuta.

Gidaje biyu sun kira ta bayan sunan. Sauran har yanzu shiru, kuma ita ba mai jiran waya ba ce. Ranar Litinin da ta wuce ta biya wajen tsohon mai gyara ta bar masa saƙo ya nemo mata igiya mai tsawo. Daga can ta sauka a Ƙofar Galadima, ta nufi wani gida da suka fasa kiranta a watan bikin, inda ta ji ana shirin aure. Ba a gayyace ta ba. Ta yi sallama a zaure, ta shige ciki, ta gaida uwargidan, ta ƙi kujerar da aka jawo mata, ta zuge jaka ta fito da igiyar ta miƙa mata.